Kaura Tunau a Fakon Huci

A shekara ta goma sha tara da hawan Sarki Barmo gadon Birnin Gamzaki, Dagazau Sarkin Barkamawa ya taso daga kudu da mayaƙa ba iyaka, ya tsare birnin gabas da yamma da kudu. Wata uku yana zaune a bakin ganuwa. Aka cinye hatsin rumbuna, aka cinye iri, aka koma kan jakuna, har ta kai mata na jiƙa fatun shimfiɗa suna dafa wa 'ya'yansu. Arewa ce kaɗai Dagazau bai ajiye ko mutum ɗaya ba, domin ta wannan gefen babu abin da ke bayan ganuwa sai Fakon Huci.

Fakon Huci fili ne fari fat, tafiyar yini guda, ba ciyawa, ba itace, ko tururuwa ba ta ratsa shi. Ƙasarsa cike take da ƙananan ramuka masu fitar da huci mai ɗumi da warin ruɓaɓɓen ƙwai. Tsuntsun da ya sauka a cikinsa ba ya tashi. Tun zamanin kakanni, wanda ya yi kisan kai nan ake kora shi, wani ya yi nisa ya ɓace, wani ya faɗi tun ana hangensa daga kan ganuwa, ba jini ba rauni. Masu gadin Ƙofar Arewa kuma sun sha rantsuwa cewa da rana tsaka sukan ga mutane tsaitsaye can ciki suna yafito su.

Ran wata Talata da hantsi Sarki ya tara majalisa. Kaura Tunau, shugaban mayaƙan birni, ya shigo yana ɗingishi, don kwana tara ke nan da kibiya ta same shi a cinya, raunin bai rufe ba. Ya faɗi ya yi gaisuwa. Da ya ɗago ya ga yadda riga ta yi wa Sarki yawa, sai ya kau da kai.

Aka shigo da manzon Dagazau. Bai durƙusa ba, ya ce, "Dagazau ya ce in gai da Barmo. Ya ce ya ji labarin abin da kuke ci, ya tausaya muku. Ku buɗe ƙofa gobe kafin rana ta take. Zai ɗauki kan Kaura, ya ɗauki mace ɗaya da ɗa ɗaya daga kowane gida, ya bar muku sauran. In rana ta take ƙofa na rufe, zai hau da tsani, kuma ba zai bar mai numfashi ba."

Aka fitar da shi zauren baƙi. Galadima Cindo ya gyara zama. Shi kaɗai ne a zauren kumatunsa ba su faɗa ba, kuma Kaura ya daɗe yana lura da haka.

Galadima ya ce, "Allah ya ja zamanin Zaki. Ni ba matsoraci ba ne, kowa ya ga hannuna a yaƙin Dutsen Kura. Amma jiya a unguwata kaɗai an binne yara goma sha ɗaya. Mutumin nan wani yanki ya nema. In mun ba shi, wani yanki zai saura, kuma wanda ya saura zai hayayyafa. In mun hana shi, wa zai rage ya ce an taɓa yin Gamzaki? Kaura ɗan'uwana ne, rana ɗaya aka yi mana kaciya, amma shi ma ya san kansa bai kai birni ba."

Sarki ya dubi Kaura.

Kaura ya ce, "Ranka ya daɗe, kaina ba abin jayayya ba ne. In shi zai mayar da Dagazau gida, a kira Sarkin Dogarai yanzu. Amma irin wannan alkawari ya yi wa mutanen Sankarma, suka buɗe masa ƙofa, yau kuraye ke kwana a kasuwarsu."

"Mutum nawa gare ka?"

"Ɗari uku da arba'in, Zaki. Masu iya yini a tsaye ba su kai ɗari biyu ba. Kibau sun kusa ƙarewa. In ya kawo tsani, ganuwa za ta kai azahar, ba za ta kai la'asar ba."

Yana rufe baki aka ji wata ƙara daga tsakar fada, kamar an fasa tulu. Wani dogari ya shigo ya ce fatar babban tambari ce ta fashe, ba wanda ya taɓa ta. Fadawa suka shiga salati. Galadima ya buɗe tafin hannu ya ce, "To kun ji."

Wata murya daga bayan Sarki ta ce, "Fata ce ta bushe, Galadima, kamar yadda duk muka bushe ban da kai."

Magajiya Tsahara ce, yayar Sarki uba ɗaya, tsohuwa da ta haura saba'in. Ta dogara sanda ta matso gaba.

"Allah ya taimaki Sarki. Ƙofa uku kuke ta lissafi, birnin nan kuwa ƙofa huɗu gare shi. Uwata 'yar masu haƙar kanwa ce na Tsaunukan Marmaro, can bayan fako. Sau biyu ta ƙetare Fakon Huci tana budurwa, kuma ta gaya mini yadda ake yi. Ba kowa zai kai ba. Amma da yawa za su kai, kuma can akwai ruwa, akwai dangi."

Galadima ya yi dariya, ya ce, "To ranki ya daɗe, gaya mana yadda ake yi."

"Zan faɗa a bakin fako, ga waɗanda suka zo shiga. Zauren nan ƙofofinsa sun yi yawa."

Sarki ya ce, "Na ji maganar kowa. A gaya wa manzo zai sami amsa gobe da rana tsaka. Kaura, da fitowar rana ka fitar mini da jama'ata ta Ƙofar Arewa, Magajiya a gaba, kai a baya. Ni da tsofaffin da ba za su iya tafiya ba za mu naɗa rawuna mu hau ganuwa da ganguna, Dagazau ya ga birni cike."

Kaura ya sake faɗuwa, goshinsa a ƙasa. "Zaki, a ba wani wannan aiki. Ni a bar ni inda kake."

"Tun da na naɗa ka, Tunau, ban taɓa maimaita maka magana ba. Kada ka sa in fara yau."

Gari na wayewa mutum wajen dubu huɗu suka cika filin Ƙofar Arewa, yawancinsu mata da yara. Kaura na zagayawa sai ga ƙanensa Barde Nomau ya iso da gudu. Nomau shi kaɗai ya rage masa a ɗakinsu, Kaura ne ya koya masa riƙon mashi.

Nomau ya ce, "Yaya, ba a ga Galadima ba. An sami igiya a rataye a ganuwar gabas."

Kaura ya rufe ido. Galadima ya tsallaka ya kai wa Dagazau labari ke nan, ashe ba su da lokaci har rana tsaka. Ya ce, "Kada ka gaya wa kowa. A buɗe ƙofa."

A bakin fako Magajiya ta hau raƙumi, ta sa aka kawo mata itace mai cin wuta. Ta miƙa wa wani dogari, ya yi taku goma cikin farar ƙasa, ya sauke itacen a hankali. Yana kai wa gwiwarsa wutar ta mutu, kamar an tsoma ta a ruwa.

Magajiya ta ɗaga murya, sanƙira mai shela na maimaitawa. "Ko aljani ne ko mene ne, uwata ba ta sani ba, ni ma ban sani ba. Amma abin kwance yake a ƙasa, ido ba ya ganinsa. Da safe iyakarsa gwiwa. Da azahar ya kai ƙugu. In rana ta faɗi yana shanye mai raƙumi. Kada wanda ya zauna, kada wanda ya sunkuya. Abin da ya faɗi a bar shi. Yara a wuya, goyo a ɗaga shi zuwa kafaɗa. Akwai jerin baƙaƙen duwatsu, a kansu za mu bi, nan ne tudu. In kun ji an kira sunanku daga gefe, ko muryar wa ce, kada ku amsa."

Kaura ya sauka daga dokinsa, ya ɗora yara huɗu a kai, ya ba wata mata linzami ya ce ta riƙe kan dokin sama. Aka shiga.

Karen wani maharbi ne ya fara mutuwa. Mai shi ya ɓoye shi wata uku bai bari an ci ba. Taku kaɗan ya yi, ya yi tangaɗi ya kwanta. Daga nan ba wanda ya ƙara yin magana, sai ƙarar ɓawon ƙasa yana farfashewa a ƙarƙashin ƙafafu, da gangunan Sarki na tashi daga baya.

Da rana ta ɗaga, farin ƙasar ya fara cin ido. A gaban Kaura ƙullin zanen wata mata ya kwance, jaririnta ya zame. Ba ta tsaya tunani ba, ta sunkuya ta cafe shi ta ɗaga sama, wani tsoho ya karɓa. Ita kuwa ta dafa ƙasa za ta miƙe, hannun ya ƙi. Kaura ya riƙe numfashi ya fizgo ta, amma kanta ya riga ya langaɓe. Ya sake ta. Mutanen baya suka raɓa ta suka wuce, kowa idonsa a gaba.

Rana na takewa abubuwan suka bayyana. Can hagu da dama, cikin ƙyalƙyalin zafi, mutane ne tsaitsaye, dogaye, ba a ganin fuskokinsu. Kaura ya ji an ce, "Tunau, zo ka sha ruwa." Muryar uwarsa ce, wadda ya binne shekara ashirin da suka wuce, har da 'yar shaƙewar da takan yi. Ya ciji leɓe har ya ji gishirin jini. Nomau ya matso ya kama hannun rigarsa, ya ce a hankali, "Ni ma na ji ta, Yaya." Wasu ba su iya daurewa ba. Wani maƙeri ya ajiye 'yarsa a wuyan maƙwabcinsa, ya sauka daga duwatsu yana cewa, "Ga ni nan, ga ni nan." Mutum fiye da talatin suka tafi haka. Da azahar ta yi Liman ya ce a yi salla a tsaye ana tafiya, kowa ya yi nuni da kai. Raunin Kaura ya buɗe, jini na cika masa takalmi, duk takun da ya yi sai ya ji ƙasar na roƙonsa ya zauna ko kaɗan.

Sai ya lura gangunan sun yi shiru. Ya waiwaya. Hayaƙi na tashi daga Gamzaki, kuma tsakaninsu da hayaƙin ga farar ƙura tana matsowa. Dagazau ya shiga birni ya tarar da tsofaffi, ba bayi ba ganima, ga mayaƙansa da suka yi wata uku suna jira. Ya kwaso dawaki wajen ɗari biyar ya biyo sawu.

Kaura ya aika wa Magajiya cewa kada ta tsaya ko me ta ji. Ya zaɓi mutum sittin, suka tsaya inda jerin duwatsu ya tsuke, faɗinsa bai wuce na dawaki huɗu ba, hagu da dama ƙasa ta gangara.

Ya ce musu, "Ba ni da kibau da zan ba ku, ba ni da alkawarin komawa gida. 'Ya'yanku na bayanku, suna bukatar mu tsaya nan har inuwa ta ninka. Kada wanda ya durƙusa bayan garkuwa. Wanda zai mutu ya yi ƙoƙari ya mutu a tsaye."

Barkamawa suka iso da ihu. Da suka ga hanya ta tsuke, sai suka rabu biyu suka gangara hagu da dama don su zagaye su. Dawakan da suka sha gudu, kawunansu a ƙasa, suka fara tangaɗi suna zubewa, mahayan na faɗowa, wanda duk ya taɓa ƙasa sai ya yi yunƙuri ɗaya ko biyu ya kwanta. Maharbansu suka sauka suka jeru, suka durƙusa a gwiwa ɗaya kamar yadda suka saba, suka ɗana. Kibau kaɗan ne suka tashi. Sahu guda ya kife a kan bakunansa ba wanda ya taɓa shi. Na baya suka ga haka, wani ya yi kururuwa, suka juya da gudu suna ture juna daga kan duwatsu.

Dagazau bai juya ba. Ya taho tsakiyar hanya da barade masu lifidi, suka afka wa mutanen Kaura. Aka gauraya, takobi da mashi, ba wurin ja da baya. Kaura ya sare mutum biyu. Yana zare takobi daga na uku ya ji an ce, "Yaya!" Dagazau ne ya soki Nomau a kwiɓi daga kan doki, Nomau ya zube. Kaura ya riƙe numfashi ya sunkuya ya kama wuyan rigarsa, ya ɗago shi har rabi, sai ga takobin Dagazau na saukowa. Dole ya saki ya tare. Ya tare na biyu, ya tare na uku, ya sami sarari ya luma wa dokin takobi a ƙirji. Dokin ya faɗi ya danne ƙafar mai shi, aka ji ƙashi ya karye. Kafin Kaura ya juyo, Nomau ya daina motsi.

Baraden da suka rage suka watse. Wani mai jar alkyabba da ke bayansu ya rasa hanyar gudu, dokinsa ya ƙi juyawa. Galadima Cindo ne. Ya ga Kaura jina-jina, ya diro, ya faɗi ya kai goshi ƙasa yadda ya saba yi a fada, yana cewa, "Tuba nake, Kaura, don girman kaciyarmu, ni ceton birni na..." Maganar ta tsaya nan. Ba wanda ya ɗaga shi.

Dagazau na maƙale da sirdi, yana ƙoƙarin ɗaga kansa sama, idanunsa sun fara juyawa. Kaura ya cafki gemunsa ya fizgo shi tsaye, ya ɗora masa takobi a maƙogwaro.

Dagazau ya ja numfashi da kyar ya ce, "Barmo na raye. Yana cikin mari a ƙofar fadarsa, shi da tsofaffinsa. Ka yanka ni, ɗana zai yanka su gobe."

Mutanen Kaura suka kewaye shi, sha tara suka rage cikin sittin. Wani ya ce, "Yanka shi, Kaura, shi ya kashe Barde." Kaura ya dubi ƙanensa kwance, ya dubi hayaƙin birni. Sannan ya sauke takobin.

Ya sa aka kawo wani Barkame da aka kama a kan dokinsa. Ya ce masa, "Ka bi baƙaƙen duwatsu, kada ka sauka. Ka gaya wa ɗan Dagazau ubansa na hannun Kaura Tunau a Tsaunukan Marmaro. Abin da Barmo ya ci shi Dagazau zai ci, abin da ya sha shi zai sha. In wuƙa ce, wuƙa."

Rana ta karkata sosai, ƙirazansu sun fara nauyi. Ba doki ko ɗaya da ya rage a tsaye, kuma kowane mai lafiya yana saɓe da mai rauni. Bayan Kaura kaɗai ya rage ba kaya, ga gawar Nomau, ga Dagazau da karyayyar ƙafa. Ko sunkuyawa ya rufe wa ƙanensa ido bai iya ba. Ya warware rawaninsa ya saki, ya sauka a kan fuskar. Ya juya baya ya ce, "Ku ɗora mini shi."

Bai san yadda ya yi sauran tafiyar ba. Dagazau ƙato ne, numfashinsa na bugun kunnen Kaura, cinyar nan kuwa ta daina ciwo ta koma kamar itace. Sau biyu gwiwarsa ta lanƙwashe, na kusa suka tallafe shi da kafaɗa. Aka yi ta kiransa daga gefe, yanzu da murya biyu. Rana na taɓa bakin ƙasa ya ji tsakuwa a ƙarƙashin ƙafarsa, hanya ta fara hawa, ga ciyawa, ga ƙarar ruwa.

Jama'a na zube a gangaren tsauni, wasu na sha, wasu na kiran sunayen da ba a amsawa. Magajiya na tsaye a bakin hanya da sandarta. Ta dubi mutum sha tara, ta dubi Kaura, ta ce, "Ina Nomau?"

Kaura ya sauke kayansa a gabanta. Ta sunkuya ta duba fuskar, ta ja da baya.

Sunan Dagazau ya bazu cikin jama'a kafin a ƙifta ido. Mata suka miƙe, waɗanda suka binne 'ya'ya a birni da waɗanda suka baro su a fako, kowace da dutse a hannu. Suka taho ba hayaniya.

Magajiya ta ce, "A ɗaure masa ƙafa, a ba shi ruwa. Ran Barmo na cikin ƙirjin mutumin nan." Amma muryarta ta dushe, ba wanda ya ji.

Kaura Tunau ya zare takobi. Ya raba ƙafafu a kan mutumin da ya kashe ƙanensa, ya fuskanci mutanen Gamzaki, hawaye na wanke farar ƙurar da ke fuskarsa. Ya ce, "Mai jifa ya fara da ni."

Dutsen farko ya faɗi ƙasa daga hannun mai shi, sannan na biyu. Wata tsohuwa ta ratso taron da ƙwarya cike da ruwa, ta miƙa wa Kaura. Ya karɓa, ya durƙusa a kan ƙafarsa mai lafiya, ya tallafo kan Dagazau ya kafa masa a baki.